Ƙarfin Tattalin Arziki da Matsayin Gagarabadau a Siyasar Duniya

A fagen hulɗar ƙasa da ƙasa, gagarabadau ita ce ƙasar da ikonta bai tsaya a yankinta ba. Tana iya kai sojojinta duk inda ta ga dama a doron ƙasa, ta kuma jure yaƙi a can na tsawon lokaci. Tana da ƙawayen da suka rataya tsaronsu a wuyanta, kuma ba a yanke wata babbar shawara a duniya sai an ji ta bakinta. Masanin siyasa ɗan Amurka William Fox, wanda ya yayata wannan tunani a 1944, ƙasashe uku ya lissafa: Amurka, Tarayyar Sobiyet da Birtaniya. Birtaniya ta fita daga sahun bayan rikicin mashigin Suwez na 1956, Tarayyar Sobiyet ta wargaje a 1991, aka bar Amurka ita kaɗai. A tsawon waɗannan shekaru ƙasashe da dama sun yi arziki na ban mamaki, amma babu wadda ta cike gurbin. Dalilin kuwa shi ne, dukiya ba ta komawa iko da kanta. Sai an sarrafa ta, kuma sarrafawar tana bukatar abubuwan da kuɗi ba ya saye.

Yadda tarihi ya raba arziki da iko

Tun kafin ƙarshen ƙarni na 19 masana'antun Amurka suka zarce na Birtaniya, amma a farkon shekarun 1890 sojojin ƙasanta ba su kai 30,000 ba, kuma manyan ƙasashen Turai ba su ɗauke ta a bakin komai ba a harkokinsu. Ko bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, majalisar dattawanta ta ƙi amincewa da yarjejeniyar sulhu ta Basai (Versailles) a 1919 da 1920, ƙasar ta koma gefe. Kusan rabin ƙarni ta yi tana kan gaba a arziki kafin ta yarda ta ɗauki nauyin jagoranci, kuma yaƙi ne ya tilasta mata.

Tarayyar Sobiyet ta nuna ɗaya ɓangaren. Tattalin arzikinta bai taɓa kamo na Amurka ba, har ta kai a 1972 tana sayen hatsi mai ɗimbin yawa daga abokiyar gabarta. Duk da haka ta gwada bam ɗin nukiliya a 1949, ta harba tauraron ɗan Adam na farko a 1957, ta girke sojoji a gabashin Turai, ta kuma samu mabiya aƙidarta daga Kuba har Biyetnam. Ta yi hakan ne ta hanyar matse jama'arta da karkatar da kaso mai yawa na abin da take samarwa zuwa makamai. Wannan matsin yana cikin abubuwan da suka karya ta daga baya, amma sai da ta yi sama da shekara 40 tana karawa da Amurka.

Japan da Jamus

Babu misalin da ya fi na Japan fitar da wannan batu fili. A 1968 ta wuce Jamus ta Yamma ta zama ta biyu a arziki cikin ƙasashen jari-hujja. A shekarun 1980 motocinta da kayan lantarkinta suka mamaye kasuwanni, a 1989 kamfanin Sony ya sayi Columbia Pictures, Mitsubishi kuma ya sayi kaso mafi tsoka na ginin Rockefeller Center da ke birnin New York. Marubuta da yawa a Amurka sun riƙa hasashen cewa ƙarni mai zuwa na Japan ne.

Sai dai ƙasar tana ɗaure tun daga tushe. Sashe na 9 na kundin tsarin mulkinta na 1947, wanda aka tsara lokacin da Amurka ke mamaye da ita, ya haramta mata amfani da yaƙi wajen warware rikici da wata ƙasa. Firaminista Shigeru Yoshida ya mai da wannan ƙaidi wata dabara: a bar wa Amurka tsaro, a sa ƙarfi kan masana'antu da ciniki. Shekaru da dama abin da Japan ke kashewa kan tsaro bai wuce kusan kashi 1 cikin 100 na abin da take samarwa a shekara ba, kuma har yau akwai sojojin Amurka fiye da 50,000 a ƙasar, da yawansu a tsibirin Okinawa. Dabarar ta yi riba ƙwarai ta fuskar kuɗi. Amma kayan aro ba ya rufe katara. A yaƙin Tekun Fasha na 1991 Japan ta ba da gudunmawar dala biliyan 13 ba tare da ta tura mayaƙa ba, da Kuwait ta buga sanarwar godiya ga ƙasashen da suka taimake ta a jaridun Amurka, babu sunan Japan a ciki. Jami'an diflomasiyyar ƙasar sun daɗe suna jin zafin wannan. A daidai lokacin kuma kasuwar hannun jarinta ta faɗi. Matakin da ta kai a Disambar 1989 ba ta sake taka shi ba sai a Fabrairun 2024. A 2010 Sin ta ƙwace mata matsayi na biyu.

Labarin Jamus ya yi kama da wannan. Sharaɗin haɗewarta a 1990, a yarjejeniyar da Jamus ta Gabas da ta Yamma suka ƙulla da ƙasashe huɗun da suka ci ta a yaƙi, shi ne ta sake tabbatar da cewa ba za ta mallaki makaman nukiliya ko masu guba ba, kuma sojojinta ba za su wuce 370,000 ba. Tarihin mulkin Nazi ya sa jama'arta ke ɗari-ɗari da duk wata magana ta ƙarfin soja. Sai da Rasha ta afka wa Yukiren a 2022 shugaban gwamnati Olaf Scholz ya sanar da asusun musamman na yuro biliyan 100 don gyara rundunar ƙasar. A lokacin ne kuma ta fito fili cewa fiye da rabin iskar gas ɗin da ke tafiyar da masana'antun Jamus daga Rasha take zuwa.

Ƙofar da aka rufe

Lokacin da ƙasa ta yi arziki yana da tasiri. An raba kujerun dindindin na Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya a 1945 ga ƙasashen da suka yi nasara a yaƙi: Amurka, Tarayyar Sobiyet, Birtaniya, Faransa da Sin. Ba za a iya sauya wannan tsari ba sai duka biyar ɗin sun amince, domin kowacce na da ikon hawa kujerar na-ƙi a kan gyaran kundin majalisar. Japan, Jamus, Indiya da Brazil sun daɗe suna neman shiga, amma kowacce na da mai ja da ita: Sin ba ta son Japan, Pakistan ba ta son Indiya, Italiya na adawa da ƙarin kujerun dindindin da zai ɗaga Jamus. Haka yarjejeniyar hana yaɗuwar makaman nukiliya ta 1968 ta halatta mallakarsu ga ƙasashen da suka yi gwaji kafin 1 ga Janairun 1967 kaɗai. Japan da Jamus da Koriya ta Kudu suna da ilimi da kuɗin ƙera su, amma duk wadda ta yi yunƙuri za ta fuskanci takunkumi da fushin ƙawayenta, wato za ta lalata cinikin da ya azurta ta.

Yawan jama'a, faɗin ƙasa da maƙwabta

Arziki iri biyu ne a nan, kuma gagarabadau tana bukatar duka. Akwai jimillar abin da ƙasa ke samarwa, akwai kuma rabon kowane mutum ɗaya. Norway da Singafo da Qatar sun yi fice a na biyun, amma jama'arsu 'yan miliyoyi ne. Ba su da mutanen da za su cika runduna, masana'antu da jami'o'i lokaci guda. Kuwait na cikin ƙasashen da suka fi kowa wadata a yankinta lokacin da sojojin Iraƙi suka mamaye ta cikin kwana biyu a Agustan 1990. Indiya kuwa ta wuce kowa yawan jama'a tun 2023, tattalin arzikinta na cikin na sahun gaba a duniya, amma rabon mutum ɗaya bai kai dala 3,000 a shekara ba, don haka hanyoyi, makarantu da asibitoci na gogayya da rundunar soja a kan kowane kasafi.

Tsufan jama'a ma na cin ƙarfin ƙasa a hankali. Yawan mutanen Japan ya kai ƙololuwa a kusan miliyan 128 a ƙarshen shekarun 2000, tun daga nan yake raguwa, kuma kusan mutum uku cikin goma sun kai shekara 65. Kuɗin da zai tafi ga jiragen yaƙi sai ya koma fansho da kula da lafiya, matasan da za a ɗauka soja kuma su yi ƙaranci.

Game da wurin zama, Amurka ta yi sa'ar da ba a cika samu ba. Manyan tekuna biyu sun raba ta da abokan hamayyarta, maƙwabtanta na tudu biyu ne kacal, Kanada da Meziko, kuma babu mai yi mata barazana a cikinsu. Tana noma abincinta, tana haƙo mai fiye da kowace ƙasa a yanzu. Wannan ya sa take iya tura ƙarfinta nesa ba tare da fargabar gida ba. Japan kuwa kusan duk man da take amfani da shi shigo da shi take yi ta teku. A 1941, da Amurka ta yanke mata mai, sai ta zaɓi kai hari kan sansanin jiragen ruwan yaƙin Amurka na Pearl Harbor, abin da ya ƙare da rugujewarta.

Kuɗin da duniya ta yarda da shi

Rikicin Suwez ya nuna yadda kuɗi ke zama makami. Birtaniya da Faransa da Isra'ila sun yi galaba a fagen daga bayan shugaban Masar Gamal Abdel Nasser ya mai da mashigin mallakin ƙasarsa, amma da darajar fam ta fara zubewa, gwamnatin shugaban Amurka Eisenhower ta toshe wa Birtaniya hanyar samun rance daga Asusun Ba da Lamuni na Duniya har sai ta janye. Ta janye, firaminista Anthony Eden ya sauka a Janairun 1957.

Tun taron Bretton Woods na 1944 dala ke tsakiyar tsarin kuɗin duniya. Har yanzu kusan kashi 58 cikin 100 na ajiyar kuɗin waje da manyan bankunan ƙasashe ke riƙe da shi dala ce, yuro na da kusan kashi 20, yuan na Sin bai wuce kashi 2 zuwa 3 ba. Wannan ne ke ba Amurka damar cin bashi da kuɗinta, da kuma hukunta wasu ta hanyar bankuna, kamar yadda ita da ƙawayenta suka ƙulle kusan dala biliyan 300 na babban bankin Rasha a 2022. Samun irin wannan matsayi yana da sharuɗɗa masu nauyi: a bar kuɗi ya shiga ya fita ba tarnaƙi, kotuna su zama waɗanda baƙo zai amince da su, ƙasa kuma ta jure sayen kaya daga waje fiye da yadda take sayarwa. Ƙasashen da suka gina arzikinsu kan fitar da kaya ba sa son na ƙarshen, domin kuɗinsu zai yi tsada, kayansu su rasa masaya.

Murya ɗaya da niyyar biyan farashi

Tarayyar Turai na da mutane kusan miliyan 450 da tattalin arzikin da ke gogayya da na Sin. A fagen ciniki tana da faɗa-a-ji na gaske, dokokinta kan tilasta wa manyan kamfanonin duniya sauya salo. Amma a manufofin waje da tsaro sai dukkan ƙasashe 27 sun yarda kafin a ɗauki mataki, ƙasa ɗaya na iya tsayar da sauran. Yunƙurin kafa rundunar Turai ta bai-ɗaya ya mutu tun 1954 a majalisar dokokin Faransa. A yaƙin Libiya na 2011, duk da cewa Faransa da Birtaniya ne a gaba, sun dogara da Amurka wajen leƙen asiri da zuba wa jirage mai a sararin sama.

Farashin kansa ba ƙarami ba ne. Amurka na kashe fiye da dala biliyan 800 a shekara kan tsaro, tana da manyan jiragen ruwa 11 masu ɗaukar jiragen yaƙi da ɗaruruwan sansanoni a ƙasashen waje, ga asarar rayuka a Koriya, Biyetnam, Iraƙi da Afganistan. Irin wannan runduna ba a saye ta a shekara ɗaya, domin ƙwarewar hafsoshi da matuƙa da masu ƙera jirage tana ɗaukar shekaru masu yawa. Saboda haka bai dace a kira zaɓin Japan ko Jamus gazawa kawai ba. Masu zaɓe a ƙasashen sun auna, sun ga zama ƙarƙashin inuwar wani ya fi musu sauƙi, ko da yake lissafin ya fara sauyawa: a Disambar 2022 Japan ta tsara ɗaga kasafin tsaronta zuwa kashi 2 cikin 100 kafin ƙarshen shekarar kuɗi ta 2027.

Batun Sin

Sin ce ƙasar da masana suka fi saɓani a kanta, domin ta tsallake yawancin shingayen da aka ambata. Tana da kujerar dindindin, tana da makaman nukiliya tun 1964, ba ta dogara da kowa a tsaronta ba, kuma ta fi kowa yawan masana'antu da jiragen ruwan yaƙi. Wasu na ganin ta riga ta kai matsayin. Masu ja da wannan ra'ayi kan nuna cewa tana iyaka da ƙasashe 14 ta tudu, ciki har da Indiya da suka gwabza a 1962, kuma tekun da ke gabanta na kewaye da ƙawayen Amurka irin su Japan, Koriya ta Kudu da Filifin. Yawancin man da take shigowa da shi ta mashigin Malaka yake bi, wurin da abokin gaba zai iya toshewa. Gwamnati na taƙaita fitar kuɗi daga ƙasar, abin da ke hana yuan karɓuwa. Yawan jama'arta ya fara raguwa a 2022, karo na farko tun farkon shekarun 1960, alhali rabon mutum ɗaya bai kai kashi ɗaya cikin biyar na Ba'amurke ba. Ƙasa ɗaya ce kacal take da yarjejeniyar tsaron juna da ita, wato Koriya ta Arewa, kuma sansanin sojan da ta amsa cewa nata ne a ƙetare shi ne wanda ta buɗe a Jibuti a 2017.