Mene ne IT, kuma me yake ƙara wa ɗalibi idan ya fito neman aiki?

Idan zangon karatu ya zo ƙarewa a Jami'ar Usmanu Danfodiyo ko a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Umaru Ali Shinkafi da ke nan Sakkwato, tambaya ɗaya ce ke yawo a bakin ɗalibai: "Ka samu wurin IT?" A gida kuma uba zai ga ɗansa ya zo da wasiƙa daga makaranta yana cewa, "Baba, ko ka san wani a kamfanin siminti na Kalambaina?" Iyaye da yawa suna ɗauka wani hutu ne aka ƙirƙiro, wasu kuma suna zaton harkar kwamfuta ce, domin ita ma da waɗannan haruffa biyu ake kiranta. IT ɗin da ɗalibai ke nufi shi ne horon sanin makamar aiki: ɗalibi ya ajiye aji na wasu watanni, ya je kamfani ko ma'aikata ko asibiti ko gona ko gareji, ya yi aiki ƙarƙashin waɗanda suka riga shi a sana'ar, sannan ya koma makaranta ya bayar da bahasin abin da ya koya a ba shi maki.

Sunan da hukuma ta san shi da shi SIWES ne. Asusun Horar da Ma'aikata na Ƙasa, wato ITF, wanda aka kafa a 1971 kuma hedikwatarsa ke Jos, shi ya ɓullo da tsarin a 1973. Dalili kuwa shi ne koken masu masana'antu cewa ana yaye musu injiniyoyi da masana kimiyya waɗanda suka san komai a littafi, amma ba su taɓa kunna injin da za su yi aiki da shi ba. A 1979 an miƙa ragamar tsarin ga hukumomin da ke kula da jami'o'i da kwalejojin fasaha, a 1984 kuma aka mayar wa ITF, har yau yana hannunta. Ɗalibin jami'a a fannonin injiniya, kimiyya, noma, zanen gine-gine da makamantansu yakan yi wata shida. Na kwalejin fasaha yakan yi wata huɗu bayan shekararsa ta farko, sannan idan ya gama ƙaramar difloma sai ya yi wani na shekara guda cur kafin a ba shi gurbin babbar difloma.

Akwai danginsa da ake kira da wasu sunaye. Ɗalibin koyon malanta yana zuwa TP, wato gwajin koyarwa a firamare ko sakandare. Likita da mai haɗa magunguna suna yin shekara guda a asibiti bayan sun gama karatu kafin a ba su cikakken lasisi, kuma su ana biyansu albashi na sosai. Da yawa a nan Sakkwato a Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Danfodiyo suke nema. Bautar ƙasa kuwa daban take, ko da yake ita ma a 1973 aka kafa ta: tana zuwa ne bayan an karɓi digiri, kuma manufarta haɗa kan ƙasa.

To, maganar kuɗi. A nan ne mutane suka fi ruɗewa, domin tambayoyi biyu ne ake cakuɗawa. Ta farko, nawa ake ba ɗalibi lokacin da yake IT? Alawus ɗin da gwamnati ta daɗe tana biya ta hannun ITF naira 2,500 ne a wata, wato 15,000 a wata shida, kuma sau da yawa ba ya zuwa sai an gama horon an koma aji. A kwatanta wannan da mafi ƙarancin albashi na ƙasa, naira 70,000 tun 2024, ko alawus ɗin masu bautar ƙasa da ya koma 77,000. Da ƙyar 2,500 zai biya kuɗin kabu-kabu na mako guda ga wanda ke zuwa aiki kullum. Wurin da ɗalibi ya je ba dole ba ne su ba shi komai. Wasu kamfanoni suna ba da ɗan abin sabulu da abincin rana, manyan kamfanonin mai da na sadarwa da bankuna suna ba da abin kirki, ofisoshin gwamnati kuwa galibi sai dai godiya. Ke nan a aikace aljihun iyaye ne ke ɗaukar nauyin IT.

Tambaya ta biyu ta fi nauyi: shin yin IT yana ƙara albashin mutum nan gaba? A aikin gwamnati, a'a. Mai digiri galibi yana shiga ne a mataki na takwas na albashi, ko ya yi wata shidansa yana kwance injin siminti ko ya yi su yana barci a gida. A kamfanoni masu zaman kansu da ƙungiyoyin agaji lamarin ya bambanta, domin su abin da mutum ya iya suke saye. Wanda ya shigo ya riga ya san yadda ake gwajin ruwa a ɗakin bincike, ko yadda ake ajiye lissafin kaya a kwamfuta, ba ya bukatar a ɓata wata uku ana koya masa, saboda haka yana da bakin yin ciniki a kan albashinsa.

A ƙasashen da ake bin diddigin irin wannan abu an gwada. A Amurka wasu masana tattalin arziki sun aika dubban takardun neman aiki na gwaji zuwa kamfanoni, iri ɗaya a komai, sai dai wasu an rubuta cewa mai su ya yi horon aiki yana ɗalibi, wasu ba a rubuta ba. Sakamakon da suka wallafa a 2016 ya nuna cewa masu horon sun fi samun kiran intabiyu da kusan kashi 14 cikin ɗari. Binciken shekara-shekara da ake yi wa masu gama jami'a a can kuma ya sha nuna cewa waɗanda aka biya lokacin horonsu sun fi waɗanda suka yi kyauta samun tayin aiki da albashin farko mai kauri. Ni a ganina dalilin ba ɓoyayye ba ne. Kamfanin da ya sa kuɗinsa a kan yaro zai ba shi aiki na gaske don kada kuɗin ya tafi a banza, wanda kuwa ya same shi kyauta ba ya jin ciwon barinsa zaune a benci. Faransa kuwa ta yi doka cewa duk horon da ya wuce wata biyu dole a biya ɗalibi, kuma kada ya wuce wata shida a wuri guda cikin shekarar karatu. Ita ma fadar shugaban Amurka sai a 2022 ta fara biyan matasan da ke horo a cikinta.

Amma me mai ɗaukar aiki yake gani a IT har ya ba shi wannan daraja? Takardar digiri tana gaya masa cewa yaro ya ci jarrabawa. Ba ta gaya masa ko yana zuwa aiki a kan lokaci, ko za a iya ba shi makullin sito a kwana lafiya, ko yana jin gyara idan an yi masa, ko yana ɓoye kuskure idan ya yi. Wata shida na zama tare suna fallasa duk wannan. Mutanen garin nan sun san haka tun kafin zuwan boko, domin baduku ko maƙeri ba ya yaye yaronsa ya ɗora masa jari sai ya ga hannunsa da halinsa shekara da shekaru. Saboda haka idan gurbi ya buɗe a kamfani, kafin a manna sanarwa sai ka ji shugaban sashe ya ce, "Ina yarinyar nan da ta yi IT da mu bara? A nemo lambarta." Ga ɗan talaka wanda ba shi da kawu a sama, wannan ne kusan lokaci ɗaya tak da wani mai ikon ɗaukar aiki zai gan shi yana aiki kafin ya ga sunan mahaifinsa. Ko da wurin bai ɗauke shi ba, ya fita da mutum ɗaya da zai iya tsaya masa shaida, kuma yana da abin rubutawa a gurbin nan da ke karya gwiwar sababbin masu digiri, inda ake tambayar gogewar aiki. Ofisoshin ƙungiyoyin agaji da ke Sakkwato, irin su UNICEF, da abokan aikinsu na cikin gida, da wuya su fitar da sanarwar aiki ba tare da wannan sharaɗi ba.

Inda gizo ke saƙa a Sakkwato shi ne wuraren da za a je. Masana'antu sun taru a Legas da Ogun da Fatakwal, sai kaɗan a Kano da Kaduna. Mu a nan babbar masana'antarmu ita ce kamfanin siminti na Kalambaina, wanda aka kafa a 1962 kuma yanzu yake hannun BUA. Sai Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima mai kula da madatsar ruwa ta Goronyo, da hukumar ruwan sha, da gidan rediyon Rima da NTA ga masu karatun jarida, da asibitoci, da Cibiyar Binciken Makamashi da ke jami'a, da rassan bankuna. A ɗora ɗaliban jami'ar tarayya da ta jiha da kwalejoji a kan waɗannan wurare, a ƙara da 'yan jihar da ke karatu a wasu garuruwa suka dawo gida neman wuri. Guraben ba za su isa ba. Wanda mahaifinsa ke da hali zai tafi Abuja ko Legas ya zauna gidan ɗan'uwa ya yi horo a inda ake da kayan aiki na zamani. Wanda ba shi da hali zai kai wasiƙarsa ofis biyar ana ce masa an cika, a ƙarshe ya samu wata ma'aikata inda aikinsa shi ne kai fayil daga tebur zuwa tebur da sayo wa oga abinci. Ɗalibai mata sun fi shan wannan wahala, domin gidaje da yawa ba za su bar ɗiya ta tafi wani gari ita kaɗai wata shida ba, kuma halin da hanyoyi ke ciki ya ƙara wa iyaye hujja. Haka tsarin da aka yi don ya buɗe ƙofa ga kowa yake ƙara tazara tsakanin mai hanya da marar hanya, kuma wannan yana damuna ƙwarai.

Daga nan ne wata mummunar al'ada ta samo tushe. Kowane ɗan IT ana ba shi logbuk, littafin da zai riƙa rubuta abin da ya yi kowace rana, mai kula da shi a wurin aiki ya sa hannu duk mako, malami daga makaranta ya zo dubawa, jami'an ITF su buga hatimi a ƙarshe. Sai wasu ɗalibai suka gano cewa ana iya samun hatimi ba tare da an je ba. A zauna a gida, ko a tafi kasuwa neman kuɗi, idan lokaci ya ƙure a cike littafin cikin dare biyu a kai wa wani sananne ya sa hannu. Ban ɗora laifin duka a kan yaran ba, domin wanda aka tura wurin da babu aikin yi, kuma babu kuɗin mota, an riga an nuna masa hanyar. Amma asarar tasa ce shi kaɗai. Makin zai fito, wataƙila ma ya fi na wanda ya sha rana a masana'anta, sai ranar intabiyu a ce masa, "Ka rubuta cewa ka yi aiki a ɗakin gwaji, wane inji ka yi amfani da shi?" Daga nan zance ya ƙare.

Akwai kuma ɓangaren da ba a cika faɗa ba. Wasu makarantu masu zaman kansu da shagunan kwamfuta da ƙananan asibitoci sun mayar da 'yan IT da masu bautar ƙasa ma'aikatan dindindin marasa albashi: wannan rukuni ya tafi, wani ya shigo, gurbin da ya kamata a ɗauki mutum a biya shi ba zai taɓa buɗewa ba. Wannan cin gumin yara ne, kuma yana danne albashin duk wanda ke neman ƙaramin aiki a wannan fanni. Alamar da ake gane horo na gaskiya ita ce akwai wani babba da aka ɗora wa alhakin koya wa ɗalibin, kuma abin da yake yi a watan biyar ya fi na watan farko wuya.

Gwamnati ta gwada faɗaɗa irin wannan horo ga waɗanda suka riga suka gama karatu. An yi shirin horon masu digiri ƙarƙashin SURE-P, wato shirin sarrafa rarar kuɗin tallafin man fetur, a 2012, aka yi N-Power a 2016 mai biyan naira 30,000 a wata, sannan a 2021 aka ƙaddamar da shirin Jubilee Fellows tare da hukumar raya ƙasashe ta Majalisar Ɗinkin Duniya, wanda ke tura matasa kamfanoni na shekara guda. Duk sun ci karo da matsala ɗaya a jihohi irin tamu, wato ƙarancin kamfanonin da za su riƙe mutum idan wa'adin ya cika.

Ga ɗalibin da IT ɗinsa ke tafe, shawarata ita ce ya fara nema tun ana saura zango guda, kuma ya daina kallon girman allon da ke ƙofar ma'aikata. Mai karatun injiniyan lantarki da ya yi wata shida tare da masu haɗa sola a cikin gari, yana hawa rufi yana auna batir yana gano inda waya ta ƙone, zai fita da sana'ar da za ta ciyar da shi a garin da rana ba ta yi mana rowa, ko da bai taɓa samun aikin ofis ba. Mai karatun kimiyyar dabbobi zai fi ƙaruwa a gonar kaji ko mayanka fiye da zaman hedikwatar ma'aikata. Kafin ya miƙa wasiƙa ya tambaya cikin ladabi, "Ranka ya daɗe, wane aiki za a sa ni, kuma ƙarƙashin wa zan zauna?" Idan ya gama kada ya tafi sai ya karɓi takardar shaida mai bayanin ayyukan da ya yi dalla-dalla, kuma ya riƙa gaida wanda ya koya masa lokaci-lokaci, ba sai ranar da yake da bukata ba.

Masu kamfanoni da shaguna da gonaki na garin nan kuwa, ko ba za ku iya biyan albashi ba, kuɗin kabu-kabu da abincin rana ba za su karya ku ba, kuma su ne ke raba yaron da zai zo kullum da wanda zai ɓace bayan mako biyu. Ita kuma gwamnatin tarayya, tun da ta ga dacewar ɗaga alawus ɗin masu bautar ƙasa daga 33,000 zuwa 77,000, babu hujjar barin ɗan IT a baya, kuma kamata ya yi a riƙa biyan nasa wata-wata tun yana wurin aiki, lokacin da yake bukatar kuɗin mota.