Myst

Myst gem ne na wasa ƙwaƙwalwa da bin diddigin sirri, wanda wasu 'yan'uwa biyu wa da ƙani, Rand Miller da Robyn Miller, suka haɗa a kamfaninsu Cyan da ke kusa da garin Spokane a Amurka. Kamfanin Broderbund ne ya fitar da shi a watan Satumba na 1993 a kan kwamfutar Macintosh, sai a 1994 na Windows ya biyo baya. Kafin nan gem ɗin yara suke yi, wannan ne na farkonsu na manya.

Yadda labarin yake, mai wasa zai tsinci wani littafi, yana ɗora hannu a kan shafin kawai sai ya ganshi a wani tsibiri shi kaɗai, ba mutum ko ɗaya, ba wanda zai ce masa yi kaza ko bar kaza, sai ƙarar ruwa da iska da wasu injuna da maɓallai da ba a san aikinsu ba. A ɗakin karatun tsibirin akwai littafi ja da littafi shuɗi, kowanne an kulle mutum a ciki, Sirrus a jan, Achenar a shuɗin, dukkansu 'ya'yan Atrus ne mai rubuta littattafan da ke kai mutum wasu duniyoyi. Kowannensu yana roƙon a nemo masa shafukan littafinsa da suka ɓace yana kuma ɗora wa ɗan'uwansa laifi, to neman shafukan nan ne ke kai mai wasa duniyoyi huɗu, Selenitic da Stoneship da Mechanical da Channelwood. Wanda ya yarda da ɗaya daga cikinsu har ƙarshe shi zai maye gurbinsa a cikin littafin, don duk biyun mugaye ne, ubansu Atrus da ake isa wurinsa ta wani koren littafi shi ne mai gaskiya. Masu gem ɗin ma da kansu suka fito a bidiyon, Robyn ya yi Sirrus, Rand ya yi Achenar da Atrus.

Ba harbi, ba gudu, ba agogon da ke ƙirga maka lokaci, kuma ba mutuwa. Hotuna ne tsayayyu wajen 2,500 aka jera da manhajar HyperCard, ka danna linzami hoto ya canja zuwa na gaba, nan da can an saka ɗan bidiyo na QuickTime. Dalili kuwa kwamfutocin lokacin ba ƙarfi, launi 256 kawai ake aiki da shi, na'urar karanta faifan CD ma ga nawa kamar hawainiya, shi ya sa sai da suka tsara hotunan wuri ɗaya su zauna kusa da juna a kan faifan don kar mutum ya yi ta jira. Gaskiya wannan ƙarancin ya taimaki gem ɗin, shirun nan da tsayuwar hotunan su ke sa mutum ya ji kamar wani abu ya faru a wurin kafin zuwansa, kodayake akwai masu sukar cewa kallon hotuna ne kawai ba wasa ba. Yawancin masu yinsa da biro da takarda suke zama, saboda lambar da ka gani a wani littafi can gaba za ka buƙace ta.

An sayar da sama da kwafi miliyan 6, kuma shi ya riƙe kambun gem ɗin kwamfuta mafi kasuwa har 2002 da The Sims ya wuce shi. Mutane da yawa ma saboda shi suka sayi na'urar CD. Ci gabansa Riven ya fito a 1997 a faifai biyar, sai realMyst, wato Myst ɗin da aka sabunta, a 2000 inda ake yawo yadda aka ga dama. A 2020 Cyan ta sake gina shi don Oculus Quest, gilashin da ake sawa a fuska mutum ya ji kamar yana cikin gem ɗin, a Agustan 2021 ya sauka a Windows da Mac, har da zaɓin da ke sauya amsoshin wasu ƙulle-ƙullen don waɗanda suka haddace na da.