Ma'anar "Mai Kare Addini", laƙabin da sarakunan Ingila suka gada daga Henry na Takwas

Wanda ya taɓa riƙe sabuwar tsabar kuɗin Birtaniya zai ga wasu haruffa sun kewaye kan sarki: CHARLES III D G REX F D. Latinanci ne aka taƙaita. D G na nufin "da yardar Allah", REX kuma "sarki". Haruffa biyun ƙarshe su ne Fidei Defensor, wato Mai Kare Addini, kuma har yau suna cikin cikakken sunan sarautar mai mulkin ƙasar.

Addinin da ake nufi yanzu shi ne Kiristanci bisa tafarkin Cocin Ingila, wadda ba ta ƙarƙashin Paparoma. Amma fa Paparoma ne da kansa ya bayar da laƙabin a 1521, tukwici ga Henry na Takwas, sarkin da ya tsaya wa Cocin Katolika. Abin da ya juya ma'anar kalmar rigimar cikin gida ce, ta aure da neman magaji.

Gidan Tudor, inda Henry ya fito, sabon shiga ne a sarauta. Mahaifinsa, Henry na Bakwai, da takobi ya hau karaga, bayan an kashe Sarki Richard na Uku a fagen yaƙin Bosworth ranar 22 ga Agusta, 1485. Dangantakarsa da jinin sarauta ta wajen uwa ce, Margaret Beaufort, wadda ta haife shi tana da shekara 13, kuma reshen nata ya samo asali daga 'ya'yan da aka haifa kafin a ɗaura auren iyayensu. Don ya toshe bakin abokan hamayya sai ya auri Elizabeth ta gidan York, gidan da Richard na Uku ya fito. Henry na Takwas, wanda aka haifa a Greenwich ranar 28 ga Yuni, 1491, shi ne ɗansu namiji na biyu. Yarima mai jiran gado wansa ne, Arthur, wanda aka aura wa Catherine, 'yar Ferdinand da Isabella masu mulkin Sifaniya, a Nuwamba 1501. Ko wata biyar ba a cika ba Arthur ya rasu yana ɗan shekara 15. Ingila ba ta son rasa surukantaka da Sifaniya, sai aka yanke shawara ƙanen ya auri matar wan. Dokar coci ta hana haka, don haka aka nemi izini na musamman daga Paparoma Julius na Biyu, ya kuwa bayar. Henry ya zama sarki a Afrilu 1509, ya auri Catherine a watan Yuni.

A lokacin sarkin Faransa yana da laƙabin "mafi riƙo da Kiristanci", surukan Henry kuma Paparoma ya sa musu "sarakuna Katolika". Ingila ce ba ta da komai, abin kuma yana ci wa Henry tuwo a ƙwarya. Dama ta samu da Martin Luther na Jamus ya rubuta a 1520 cewa yawancin sakramentoci bakwai na coci, wato manyan ibadun da suka haɗa da baftisma, jibin Ubangiji, furta zunubi, naɗin firist da aure, ba su da tushe a Littafi Mai Tsarki. Henry ya fitar da littafin raddi da Latinanci yana kare bakwai ɗin duka, da ikon Paparoma a kan coci. Aka kai wa Paparoma Leo na Goma kwafi, shi kuma ranar 11 ga Oktoba, 1521 ya ba shi laƙabin. A lura, cikin abin da Henry ya kare da alƙalaminsa har da cewa aure ba ya warwaruwa.

Catherine ta yi ciki aƙalla sau shida. Ɗa namijin da ta haifa ranar farko ta shekarar 1511 kwana 52 kawai ya yi a duniya. Wadda ta rayu ita kaɗai ce Mary, haihuwar 1516. Kafin nan mace ba ta taɓa riƙe sarautar Ingila lafiya ba. Yunƙurin hawa karaga da Matilda, 'yar Sarki Henry na Ɗaya, ta yi a ƙarni na 12 yaƙin basasa ya haifar. Zuwa 1527 Catherine ta haura arba'in, hankalin sarki kuma ya koma kan Anne Boleyn.

Nan mutane kan yi kuskure, su ce Henry ya nemi sakin matarsa. A dokar Katolika babu saki. Abin da ake iya samu shi ne hukuncin cewa auren bai ɗauru ba tun asali, kuma bambancin ba ƙarami ba ne, domin idan babu aure, 'yar da aka haifa a cikinsa ta fita daga layin gado. Hujjar Henry ita ce Littafin Firistoci sura 20 aya 21, mai cewa wanda ya ɗauki matar ɗan'uwansa ba zai samu 'ya'ya ba. Ɓangaren Catherine suka kawo Maimaitawar Shari'a sura 25, wadda ta umurci mutum ya auri matar ɗan'uwansa da ya mutu bai bar ɗa ba. Ita kuma ta rantse cewa ba su taɓa saduwa da Arthur ba, ba ta kuma janye wannan magana ba har ta mutu a 1536.

Paparoma Clement na Bakwai ya shiga tsaka mai wuya. Amincewa na nufin ya ce magabacinsa ya yi kuskure wajen ba da izini. Ga kuma Sarkin sarakuna Charles na Biyar, mai mulkin Sifaniya da Jamus, wanda Catherine ƙanwar mahaifiyarsa ce, sojojinsa sun wawashe birnin Rum a 1527. Sai Paparoma ya yi ta jan ƙafa. Kotun da ta zauna a Landan a 1529 ta tashi ba hukunci, abin da ya ci kujerar babban wazirin sarki, Kadinal Wolsey.

Daga nan Henry ya bi ta majalisar dokoki, mataki mataki. A Janairu 1533 ya auri Anne a ɓoye tana da ciki. Majalisa ta hana ɗaukaka ƙara zuwa Rum. A watan Mayu sabon Akbishop na Canterbury, Thomas Cranmer, ya yanke cewa auren Catherine bai ɗauru ba. Ranar 7 ga Satumba Anne ta haihu, mace kuma, Elizabeth. A 1534 doka ta naɗa sarki shugaban ƙoli na Cocin Ingila. Thomas More, tsohon wazirin sarki, da Bishop John Fisher sun ƙi amincewa, aka fille musu kai a 1535. Ita ma Anne takobi ya same ta ranar 19 ga Mayu, 1536. Mata ta uku, Jane Seymour, ce ta haifi Edward a Oktoba 1537, ta rasu kwana 12 bayan haihuwa. Ya ƙara aure uku, babu haihuwa.

Paparoma Paul na Uku ya kore shi daga coci a 1538. Henry bai ajiye laƙabin ba. A 1544 majalisa ta sa shi cikin sunan sarauta, ya zama abin gado, alhali asalinsa kyauta ce ga mutum ɗaya. Henry ya rasu ranar 28 ga Janairu, 1547, 'ya'yansa uku kuma suka yi mulki bi da bi: Edward ɗan Furotesta, Mary 'yar Katolika, sai Elizabeth, wadda a 1559 ta sassauta "shugaban ƙoli" zuwa "gwamnan ƙoli" na coci.

Dokar gadon sarauta ta 1701 ta hana ɗan Katolika hawa karaga, kuma tana aiki har yanzu. Gyaran 2013 ya halatta wa magada auren 'yan Katolika, amma bai taɓa wannan hani ba. A wata hira a 1994 Charles na Uku, yana yarima a lokacin, ya nuna ya fi son a ɗauke shi mai kare imani gaba ɗaya, ganin yawan Musulmi, Hindu, Sikh da Yahudawa a ƙasar, amma da ya hau sarauta a 2022 ba a taɓa kalmomin ba.

Haruffan sun fara hawa kuɗi zamanin George na Ɗaya, a 1714. Da aka buga fataka a 1849 ba tare da D G da F D ba, jama'a suka yi ca, suka sa mata suna "fataka marar Allah", dole aka sake zane. Wanda ke da tsohon sulen zamanin Turawa mai hoton bishiyar kwakwa a cikin adakar kakarsa ya juya ɓangaren kan Sarki George, zai ga F D nan bayan kalmar REX.