Gidan waya, tasha da kamfanoni: wa ke da ikon kai wasiƙa?

A Najeriya, kamar a ƙasashe da yawa, doka ta keɓe wa gidan wayar gwamnati aikin kai wasiƙa. Amma a Sakkwato mai son saƙonsa ya kwana Kano tasha yake nufa. Wannan tazara tsakanin doka da abin da ke faruwa a zahiri ita ce tushen gardamar da ake yi kan gyaran harkar gidan waya. Ga tambayoyin da aka fi yi.

Me ake nufi idan an ce gwamnati ta yi babakere a harkar wasiƙa?

Ana nufin doka ta hana kowa mayar da karɓar wasiƙu da kai su sana'a, sai hukumar gwamnati ko wanda ta ba lasisi. A nan hukumar ita ce NIPOST. An cire ta daga tsohuwar ma'aikatar gidan waya da tarho ta P&T a 1985, lokacin da ɓangaren tarho ya koma NITEL, kuma dokar da take aiki da ita an yi ta ne a 1992, zamanin mulkin soja. Irin waɗannan dokoki ba su cika damuwa da wanda ya ba ƙaninsa takarda ya kai Wurno ba. Abin da suke tsarewa shi ne wani ya buɗe shago yana karɓar kuɗi a kan aikin.

To me ya sa aka yi haka tun farko?

Saboda farashi ɗaya. A 1840 Ingila ta bi shawarar Rowland Hill ta fito da kan sarki na farko a duniya, aka ce wasiƙa mara nauyi kwabo ɗaya ce, ko maƙwabta za ta ko ƙarshen ƙasa. Daga nan tsarin ya bazu, ya iso mana ta Legas, inda Turawa suka buɗe gidan waya a 1852.

A kawo lissafin gida. Wasiƙar da za ta tashi daga Mabera zuwa Runjin Sambo, ɗan kabu-kabu ɗaya zai raba irinta hamsin kafin azahar. Wadda za ta wani ƙauye a Gudu ko Kebbe kuwa sai an ƙona mai na yini guda, wataƙila saboda ambulan biyu. Idan kuɗin kan sarkin ɗaya ne, ribar cikin gari ce ke biyan asarar ƙauye. Da an bar kowa ya shigo, ɗan kasuwa zai kwashe aikin cikin gari ya karya farashi, ya bar wa gwamnati Gudu da Kebbe. Ba mugunta ba ce, ɗan kasuwa inda riba take yake zuwa. Hujjar babakeren ke nan, kuma hujja ce mai ƙarfi muddin wasiƙu suna da yawan da ribarsu za ta ɗauki nauyin. Nan ne gizo ke saƙa, domin yawan ya tafi.

Ai a Sakkwato tasha ce gidan waya. Ina dokar take?

Tana cikin littafi. Je babbar tasha da sassafe ka gani. Mai saƙo zai miƙa wa ɗan kamasho ambulan ko ƙunshin kilishi, a rubuta lambar wayar mai karɓa da biro a jikin kwalin, a yi ciniki, a ba shi lambar direba da ta mota. Direba ya cusa ambulan a bayan madubin kare rana, kwalin kuma a but. Ya kusa Kano ya buga waya: “Alhaji, ka turo yaro tasha, mun shigo gari.” Babu kan sarki, sau da yawa babu rasit. Takardun makaranta, maganin asibiti, takalman fata da aka yi ciniki a WhatsApp, duk haka suke tafiya.

Tsarin yana da sauri, kuma amana ce jarinsa. Amma ranar da kaya suka ɓata ko ruwa ya jiƙa takardar shaidar digiri, sai dai a je wurin shugabannin tasha a yi sulhu, a ba ka haƙuri. Kuma mota tana zuwa ne inda fasinja yake. Garin da sai ranar kasuwa ake samun mota, saƙonsa ma sai ranar kasuwa.

Ƙasashen da suka buɗe kasuwar, sun ji daɗi?

Wasu sun ji, wasu sun yi da-na-sani. Suwidin ta soke babakeren tun 1993. Jamus ta fara sayar da hannun jarin gidan wayarta a 2000, ta cire masa keɓantaccen ikon wasiƙa a farkon 2008. Kamfanin ya mallaki DHL, yau yana cikin manyan masu jigilar kaya na duniya. Masu goyon bayan sayarwa Jamus suke nunawa kullum.

Ba su cika ambaton Ajantina ba, wadda ta miƙa gidan wayarta ga 'yan kasuwa a 1997, ta karɓe abinta a 2003. Birtaniya ta sayar da gidan wayarta, Royal Mail, a 2013, lokacin kan sarkin wasiƙar gaggawa yana fani 60. Zuwa Afrilun 2025 ya kai fam 1 da fani 70, ga koke-koken jinkiri, kamfanin kuma ya koma hannun wani attajiri ɗan ƙasar Cek, Daniel Kretinsky. Denmark ce ta fi ban mamaki. Wasiƙu sun ragu da kusan kashi 90 cikin 100 daga 2000, har kamfanin PostNord ya sanar da cewa daga ƙarshen 2025 ya daina kai wasiƙa, bayan shekara 400 ana yi, sai dai wani kamfani mai zaman kansa ya ci gaba.

Amurka, uwar jari-hujja, ita ce ta riƙe babakerenta gam. A 1844 wani mai suna Lysander Spooner ya buɗe kamfanin kai wasiƙa da araha, gwamnati ta bi shi da shari'a har ya rufe, ko da yake ita ma dole ta rage farashi. Har gobe ma'aikacin gidan wayar gwamnati ne kaɗai ke da izinin jefa saƙo a akwatin wasiƙar da ke ƙofar gidan mutum. Sassaucin da aka yi a 1979 kan wasiƙun gaggawa shi ya ba kamfanonin kai saƙo irin su FedEx filin yin wannan ɓangare. Duk da kariyar, wasiƙun can sun ragu da fiye da rabi daga 2001. Wato doka tana iya korar abokin gasa, amma ba ta iya sa mutum ya rubuta wasiƙar da ba ya bukata.

Mene ne ainihin ƙorafin kamfanoni a kan NIPOST?

Ita ke kiɗa, ita ke rawa. NIPOST tana kai saƙo don kuɗi, tana da sashen gaggawa na EMS, sannan ita ce ke ba abokan gasarta lasisi, ita ke rufe shagon wanda bai biya ba. A Yulin 2020 an ga illar haka, da ta fitar da sabon kuɗin lasisi: naira miliyan 20 ga masu aiki da ƙasashen waje, miliyan 10 ga masu zagaye ƙasa, miliyan 2 ga mai aiki a jiha ɗaya, har ƙaramin mai 'yan babura aka yanka wa naira 250,000. Matasa masu kai kaya a babur suka yi ca, ministan sadarwa na lokacin, Isa Ali Pantami, ya ce bai amince da ƙarin ba, ya sa a dakatar.

A shekarar ne kuma NIPOST ta yi cacar baki da hukumar tara haraji ta FIRS kan wa ke da hakkin karɓar harajin kan sarki. Ni a ganina rigingimun biyu abu ɗaya suke nunawa. Hukumar da kuɗin wasiƙa ya ƙafe mata ta koma neman abinci a lasisi da haraji. Shi ya sa aka daɗe ana kai ƙudurori majalisa don a kafa hukumar sa ido daban, NIPOST ta tsaya a matsayin mai kai saƙo kawai. An yi haka a harkar tarho: hukumar sadarwa ta NCC ke sa ido, kamfanoni suka shigo a 2001, kowa ya ga sakamako.

To a sayar da ita mana, kamar NITEL?

Kwatancen bai cika daidai ba. Tarho kasuwa ce da mutane ke rububi, wasiƙa kuwa kasuwa ce mai tsukewa. Wanda zai sayi NIPOST filayenta da gine-ginenta na tsakiyar birane zai hanga, ba hanyar Tangaza ba.

Abin da nake ganin ya fi shi ne a raba abubuwa uku da aka cakuɗa. Sa ido ya koma hannun wata hukuma. Kai kaya a birane a bar kowa ya gwada sa'arsa, da lasisi mai sauƙin da direban tasha ma zai iya yanka, a ɗora masa sharaɗin ba da rasit da biyan diyya idan kaya sun salwanta. Hidimar ƙauye kuwa a daina ɓoye kuɗinta a cikin kan sarki. A fito fili a ce kai saƙo hedikwatar kowace ƙaramar hukuma cikin 23 na jihar nan sau kaza a mako zai ci kaza, a sa a kasafi, a ba wanda zai iya, ko NIPOST ce ko wani, a kuma bincika ko ya kai.

A zamanin waya, wa ma ke bukatar gidan waya?

Wasiƙar gaisuwa ta riga ta tafi, babu mai dawo da ita. Amma hoton takarda a WhatsApp ba ya zama asalin takarda, kuma waya ba ta ɗaukar kwali. Saƙo daga waje ma yana da nasa tsarin. Najeriya mamba ce a ƙungiyar gidajen waya ta duniya, UPU, wadda aka kafa a Bern a 1874, kuma ta wannan yarjejeniya ce ƙunshin da aka jefa a gidan wayar Makka ko Alƙahira yake isowa Sakkwato da kuɗin da talaka zai iya biya.

Sai kuma abin da mutanen gabashin jihar ba su manta ba. A Satumban 2021, saboda matsalar 'yan bindiga, an katse layukan waya a ƙananan hukumomi 14 na Sakkwato. Mai ɗan'uwa a Isa ko Sabon Birni ya koma jiran mota, ya ba direba saƙon baki ko 'yar takarda. A wancan lokacin tasha ce ta ɗauki aikin da doka ta ce na gidan waya ne.