Sabo da Rana Ba Rigakafi Ba Ne

Da zarar ɗari ya ja jiki, watan Maris ya kama, magana guda ce a bakin mutanen Damagaram: "Ai mu mun saba da rana." Ɗan kabu-kabu zai faɗa, mai fasa dutse a Kara-Kara zai faɗa, tsohuwar da ke zaune gaban hatsinta a kasuwar Dole ma haka. Kuma ba ƙarya suke yi ba. A Afrilu da Mayu zafin garin nan kan kai digiri 40 ko ya haura, amma ba a fasa fita neman abinci. Sai dai mu ma'aikatan lafiya muna ganin waɗanda ake kawowa ranga-ranga a waɗannan watanni, kuma ba baƙi ba ne, a nan aka yanke musu cibiya. Don haka ya kamata mu san mene ne wannan sabo a cikin jiki, da kuma inda ya tsaya.

Jikin ɗan Adam yana riƙe zafinsa kusa da digiri 37, ko ana ɗari ko ana rana. Idan iskar waje ta fi jiki zafi, hanya guda ce ta rage masa ta fitar da zafi, ita ce zufa. A fatar mutum akwai ƙofofin zufa miliyan 2 zuwa 4. Amma ba fitar zufar ke sanyaya jiki ba, bushewarta ce, kamar dai randar ƙasa da ke tsattsafo a inuwa: iska na busar da damshin bayanta, ruwan ciki na yin sanyi. Zufar da ta ɗiga ƙasa ko aka share da gefen rawani ba ta yi aikin komai ba. Wannan ne ya sa ƙarshen Mayu da farkon Yuni, lokacin da hadari ke taruwa iska ta yi nauyi da laima, suka fi wahalar da jiki, ko da ma'aunin zafi ya nuna ƙasa da na Afrilu. Mutum zai jiƙe sharkaf, amma zafin na nan a cikinsa.

Idan mutum ya yi kwana 7 zuwa 14 yana aiki cikin zafi, jiki kan sake shiri. Ruwan da ke cikin jini ya ƙaru, zuciya ta daina bugawa da gaggawa, zufa ta riƙa fitowa da wuri kuma da yawa, gishirin da ke binta ya ragu. Sabo ke nan, ba wani abu ba. To a nan ne mutane da yawa ke yin kuskure. Suna ɗauka cewa wanda ya saba da rana ba ya buƙatar ruwa sosai, har ana yi wa mai yawan sha kallon rago. Alhali wanda ya saba ya fi kowa zubar da ruwa, tunda zufarsa ta fi yawa. Lebura ko manomi mai sharar gona a tsakar bazara yana iya zubar da lita guda a awa ɗaya, wani ma fiye. Ƙishirwa kuwa ba ta zuwa da wuri, sai jiki ya riga ya yi asara. Abin da ya fi ta gaskiya shi ne fitsari: in ya yi kaɗan, ya yi ja, jiki na bin ka bashin ruwa. Babu wani horo da ke koya wa jikin mutum zama ba ruwa.

Kuma sabon nan ba ya dawwama. Makonni kaɗan cikin sanyi sun isa su kwance shi. Bayan watannin hunturu kowa a garin nan kusan sabon shiga ne, shi ya sa ranakun zafi na farko a Maris ke kayar da mutane. Haka wanda ya dawo daga ci-rani a ƙasa mai sanyi, ko ma'aikacin da ke yini a ofis mai na'urar sanyaya ɗaki, ko wanda ya tashi daga jinya. Irin waɗannan su shiga aikin rana sannu-sannu, kaɗan yau, a ƙara gobe, har mako biyu.

Wanda aka gina don ƙishirwa shi ne raƙumi, kuma duk mai zuwa kasuwar dabbobi ta Tanut ya san haka. Wani masani mai suna Knut Schmidt-Nielsen ya auna raƙuma a Beni Abbas ta ƙasar Aljeriya a shekarun 1950. Ya tarar cewa raƙumin da bai sha ruwa ba yana barin zafin jikinsa ya sauka zuwa wajen digiri 34 da asuba, ya hau kusan 41 da yamma, sannan da dare ya saki zafin a iska ba tare da ya yi asarar ruwa a zufa ba. Hancinsa na tare damshin numfashi, fitsarinsa kaɗan ne mai kauri, kashinsa busasshe. Yana iya rasa ruwan da ya kai rubu'in nauyinsa yana tafiya, in ya iso rijiya ya shanye wajen lita 100 a tsayuwa guda. Tozon kuwa kitse ne, ba salka ba. Shi mutum, da ya rasa kashi 2 cikin 100 na nauyinsa ƙarfinsa da tunaninsa sun fara raguwa, in ya kai kashi 10 rayuwarsa na cikin haɗari. Digiri 41 ɗin da raƙumi ke kiwo da shi, a jikin mutum yana taɓa ƙwaƙwalwa da ƙoda. Gaiwa ma da tata dabarar: tabki ya ƙafe, ta nutse cikin laka, ta lulluɓe kanta da majina, ta rage numfashi, ta rayu da naman jikinta har ruwa ya dawo. Mu ba a ba mu ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. An ba mu zufa da hankali.

Abin raƙumi ba sabo ba ne na mako biyu, gado ne da ya taru cikin dubban shekaru: waɗanda jikinsu ya dace da wurin su ne suka rayu suka hayayyafa. Mutane ma suna da irin wannan gado. Baƙar fata na kare mu daga ƙunar hasken rana, wadda ke jawo wa fararen fata cutar dajin fata, amma ba ta hana jiki ɗaukar zafi. Da yawa daga Fulani da Buzaye suna shan ɗanyar madara har tsufa lafiya lau, wani kuwa ƙoƙo guda ya ishe shi kumburin ciki da gudawa, don jikinsa ya daina narkar da zaƙin madara tun bayan yaye. Mutanen Tibet da ke zaune a tsaunuka masu tsayin mita 4,000 sun gaji jikin da ke wadatuwa da ƙarancin iskar can.

Gadon da ya fi shafar mu, wanda kuma nake son a tsaya a kansa, shi ne amosanin jini, wato sikila. A 1954 wani likita mai suna Anthony Allison ya nuna a Gabashin Afirka cewa wannan jini ya fi yawa a inda zazzaɓin cizon sauro ya fi tsanani, kuma masu ɗauke da rabinsa sun fi tsira daga zazzaɓin. Yaron da ya gaji sikila daga ɗaya cikin iyayensa, wanda ake kira AS, yana da kariya mai ƙarfi daga zazzaɓi mai tsanani, irin mai kawo jijjiga da suma. Shi ya sa jinin bai ɓace ba, sai ma yaɗuwa da ya yi a ƙasashenmu. Amma kariyar da tsadarta. In AS ya auri AS, kowane ciki yana da kashi ɗaya cikin huɗu na zuwa da ɗa mai SS, wato mai cutar sikila, wanda ya gaje ta daga uwa da uba duka. A lura, kowane ciki. Ba wai in an haifi huɗu ɗaya ne kawai zai kamu ba, ana iya samun uku a jere, ana iya rasa ko ɗaya. Ba maita ba ce, ba iska ba ce, ba kuma daga dangin uwa kaɗai take zuwa ba, kamar yadda wasu surukai ke ɗora wa matar ɗansu. Gwajin jini ne kawai ke nunawa, kuma ba shi ne gwajin rukunin A, B ko O da ake yi don ƙarin jini ba. A yi shi tun kafin a kai gaisuwa, lokacin da magana ba ta yi nisa ba. Mai AS kuma kada ya ce ya fi ƙarfin sauro, zazzaɓi na kama shi, gidan sauro ya zama dole.

Ga mai SS, bazara lokacin tsaro ne. Idan ruwa ya yi ƙaranci a jikinsa, ƙwayoyin jininsa kan lanƙwashe su toshe ƙananan jijiyoyi, ciwon ƙashi ya tashi. Inna, in kina da irin wannan yaro, kada ya fita makaranta ba gorar ruwa a hannu, kuma a sanar da malaminsa ya bar shi ya sha, ya kuma fita fitsari duk lokacin da ya nema.

Ba kowane jiki ke iya sabo daidai ba. Tsoho ba ya jin ƙishirwa da wuri, zufarsa ta ragu, zuciyarsa ta gaji. Sai ka ce, "Baba, ga ruwa," ya ce bai ji ƙishi ba. A ajiye masa kusa, a riƙa tuna masa. Masu ciki, masu ciwon suga, masu ciwon ƙoda, da masu shan maganin hawan jini irin mai sa fitsari, duk suna cikin wannan sahu. Kada su daina magani da kansu, su zo a duba. Jariri kuwa, kafin wata 6, nono kaɗai ya ishe shi ko a Afrilu, don kusan kashi 88 cikin 100 na nono ruwa ne. Abin da ake so shi ne a ƙara yawan ba shi mama, uwar ta sha ruwa sosai. Ruwan da kaka ke ɗura masa don tausayi shi ke cika ɗan cikinsa ya kuma kawo zawo, zawo a bazara kuwa yana ƙarar da jariri cikin yini guda. Samarin da ke haɗiyar tiramol don su jure aiki su sani cewa ƙwayar ba ta sanyaya jiki, gargaɗin da jiki ke yi kawai take toshewa.

Wanda ke ganin ƴan Sahel sun fi ƙarfin rana ya tuna 2024. Ranar 3 ga Afrilu zafi ya kai digiri 48.5 a Kayes ta ƙasar Mali, ana cikin azumi, kuma asibitin Gabriel Touré na Bamako ya ƙirga mutuwar mutum 102 cikin kwana huɗun farko na watan, da yawansu tsofaffi. A aikin Hajjin shekarar, a watan Yuni, fiye da mutum 1,300 suka rasu a zafin da ya haura digiri 50. Yanayi na ƙara zafi cikin shekaru kaɗan, gado kuwa ba ya sauyawa sai bayan zuriya masu yawa.

Na san a Damagaram cewa "a sha ruwa da yawa" ta fi sauƙi a baki. Garin na zaune kan dutse, ruwan famfo daga nesa ake jawo shi, irin su Gogo-Machaya da Arungusa, kuma a bazara jarka kan yi tsada a hannun ƴan garuwa. Duk da haka, in ruwa ya yi kaɗan a gida, na sha ne farko, wanki ya jira. Kakanninmu ma ba da jiki kaɗai suka zauna a nan ba. Ɗakin laka mai kaurin bango, riga mai faɗi, rawani da malafa, farau-farau, aikin sassafe da hutun azahar a gindin bedi, duk dabarun zama da rana ne. Ɗakin kwano marar rufin ciki yana riƙe zafi har dare, kuma jikin da bai huce da dare ba da gajiyar jiya yake shiga gobe. Tsoho ko majinyaci kada a bar shi a irin wannan ɗaki da tsakar rana. Dabbobi ma haka: shanunmu masu tozo sun fi na Turai jure zafi nesa ba kusa ba, amma jakin amalanke yana buƙatar inuwa da ruwa, kaji kuwa ba su da zufa sam, haki kawai suke yi, shi ya sa suke zubewa a akurkin kwano.

Idan mutum ya fara jiri, ciwon kai, tashin zuciya, ko jijiyoyin ƙafa na ɗaurewa, a kai shi inuwa, a kwantar da shi, a ba shi ruwa kaɗan-kaɗan. In akwai ƙunshin gishiri da sukari na likita a dama masa, in babu, a zuba ƙaramin cokali 6 na sukari da rabin ƙaramin cokali na gishiri a lita guda ta ruwa mai tsabta. Amma in ya fara sambatu, ko tangaɗi, ko bai gane mutane ba, ko ya suma, jikinsa kuma zau, to rana ta buge shi, kuma ko da zufa a jikinsa ko babu, magana ta zama ta rai. A cire masa kaya masu nauyi, a kwarara masa ruwa a jiki duka, a yi ta fifita, a sa jiƙaƙƙen zane a wuya da hammata da matsematsi. Kada a ɗura wa wanda ya suma komai a baki, kada a tsaya hayaƙi, farasitamol kuma ba ya sauke irin wannan zafi. A nufi likita mafi kusa ko babban asibitin Damagaram nan take, ana tafe ana jiƙa shi ana fifita har a isa.