Siyasar Ƙarƙashin Ƙasa

Siyasar ƙarƙashin ƙasa ita ce duk wata turjiya ko juya al'amuran mulki da ake yi a bayan idon hukuma da na jama'a, ba a zauren majalisa ba, ba a filin kamfe ba, ba kuma a akwatin zaɓe ba. Masana kimiyyar siyasa masu rubutu da Turanci suna kiranta infrapolitics. A wurinsu ma'anarta ta asali ita ce dabarun da marasa ƙarfi suke bi su kauce wa zaluncin na sama ba tare da sun fito fili an gan su ba. Amma a bakin Bahaushe, in aka ce ana wani abu "ta ƙarƙashin ƙasa", maganar tana iya komawa kan manyan da ke ƙulla wanda zai hau mulki da wanda zai sauka alhali babu wanda ya zaɓe su. Akwai kuma ma'ana ta uku da ba ta cika fita daga ɗakunan karatun falsafa ba. Ma'anoni biyun farko suna kama da juna ta fuskar ɓoyewa kawai. Dalilin ɓoyewar ya sha bamban: talaka yana ɓuya ne don kada a hukunta shi, babba kuwa don kada a tuhume shi.

Asalin ma'anar farko

Wanda ya fito da kalmar a wannan ma'ana shi ne James C. Scott, malami a Jami'ar Yale ta Amurka, wanda aka haifa a 1936 ya rasu a 2024. Tsakanin 1978 da 1980 ya zauna a wani ƙauyen manoman shinkafa a jihar Kedah ta Malesiya, ya saka masa sunan aro, Sedaka. A lokacin noman rani da injinan girbi sun shigo yankin. Masu manyan gonaki sun ƙara arziki, 'yan ƙwadago kuma suka rasa aikin yanka da sussuka da suke ci da iyalinsu da shi. Babu wanda ya yi bore. Abin da Scott ya gani shi ne jan ƙafa a wurin aiki, satar shinkafa kaɗan-kaɗan, lalata inji cikin dare, da gulmar mai kuɗin da ya yi rowa har a ɓata masa suna a gari. Matan da ke dashen shinkafa a ƙungiyance sukan jinkirta zuwa gonar wanda ya ɗauko inji, in an tambaye su sai su ce aiki ne ya yi musu yawa a wata gona. Ko zakkar hatsi da hukumar jiha ke tarawa, manoma sukan rage adadin abin da suka girba ko su miƙa shinkafa mara kyau, sannan su fitar da tasu zakkar a hannunsu su ba maƙwabta mabuƙata.

Daga wannan bincike ya fitar da littafinsa na 1985 mai suna Weapons of the Weak, wato makaman marasa ƙarfi. A littafin da ya biyo baya a 1990, Domination and the Arts of Resistance, a nan ya raɗa wa abin suna, yana kwatanta shi da hasken infirared wanda yana nan amma ido ba ya ganinsa. Ya kuma raba zancen mutane gida biyu: wanda ake yi a gaban mai iko, da wanda ake yi bayan ya juya baya. Shi ma mai ikon, in ji Scott, yana da nasa zancen ɓoye da ba ya son na ƙasa ya ji. Hujjarsa ita ce, duk wanda ya auna siyasar talaka da zanga-zanga da tawaye kaɗai zai ɗauka talaka ya yarda da halin da yake ciki, alhali yawancin gwagwarmayarsa a tsakanin bore da bore take gudana.

Masanin tarihi Robin D. G. Kelley ya ɗauki wannan fahimta ya nazarci rayuwar baƙaƙen fatar Amurka da ita, musamman yadda fasinjoji a Birmingham ta jihar Alabama suke bijire wa dokar wariya a motocin bas lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, tun kafin a kafa manyan ƙungiyoyin neman 'yanci na shekarun 1950.

A ƙasar Hausa

Bahaushe bai jira Scott ba kafin ya san abin. Yana da "ladabin kunama", da "kunnen uwar shegu", da "zagon ƙasa", yana kuma cewa durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne. Mutumin da ya zube ya ce "ranka ya daɗe" a ƙofar fada, ya koma gida ya yi abin da ya ga dama, kowa ya san irinsa.

Tarihi ya koya wa talakan Arewa tsadar fito-na-fito. A 1906 mutanen Satiru, kusa da Sakkwato, suka yi wa Turawa tawaye, aka rushe garin aka kashe jama'a masu yawa. Bayan nan, a ƙarƙashin mulkin En'e, turjiyar ta fi komawa ɓoye. Lokacin ƙidayar haraji sai a ɓoye samarin gida ko a ce ba su balaga ba. Makiyayi kan kora wani sashe na garkensa daji, ko ya tsallaka ƙasar wani hakimi, kafin masu jangali su iso. Idan dagaci ya matsa, unguwa guda tana iya wayar gari ta yi ƙaura, kuma wannan ba ƙaramin makami ba ne, domin darajar hakimi da albashinsa suna tafiya ne da yawan masu biyan haraji a ƙasarsa. Haka da aka tilasta wa mutane aikin haƙar kuza a Jos tsakanin 1942 da 1944, gudu daga sansanin aiki ya zama ruwan dare. Bayin rinji ma, da sarautun suka faɗa hannun Turawa a farkon ƙarni na 20, da yawansu ba su tsaya neman takardar 'yanci a kotu ba, tafiyarsu kawai suka yi.

Inda abin ya fi armashi shi ne a harshe. Habaici da gugar zana an gina su ne yadda mai maganar zai iya musantawa: an yi da kai, amma ba a kama sunanka ba, in ka tanka kai ka tsargu. Maroƙi yana wasa ubangidansa, a cikin waƙar kuma ya saka zambo ga wani basarake, ko ga attajirin da ya hana shi kyauta. Masanin nan M. G. Smith, wanda ya yi bincike a ƙasar Zazzau, ya yi rubutu a 1957 kan yadda roƙo yake ɗaga mutum yake kuma kayar da shi. A tatsuniya, Gizo mara ƙarfi ne yake wasa da hankalin zaki da kura da giwa, yara kuma suna tashi da sanin cewa wayo yana maganin ƙarfi. Tashe a watan azumi yana ba yara damar kwaikwayon malami maciyi ko tsoho mai kwaɗayi a gaban kowa, a yi dariya a wuce. A wasan gauta matan fada ne suke kwaikwayon sarki da fadawansa, har su nuna masa abin da ba mai iya faɗa masa baki da baki. Sai dai a nan akwai abin lura: wasan da sarki ya ba da izininsa, ya zauna yana kallo, da wuya a ce turjiya ce zalla. Yana iya zama hanyar da fada ke rage wa mutane zafi don kada tukunya ta fashe.

A cikin gida kuwa, waƙar niƙa da ta daka sun daɗe suna ɗaukar saƙon mace zuwa ga kishiya, uwar miji ko mijin kansa. Yaji kuma mataki ne na gaba, domin ya fito da ƙorafin waje ba tare da an kai ga alƙali ba.

Wani lokaci abin da ke ɓoye yakan fito fili ya zama jam'iyya. NEPU da aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta 1950 ta ɗauki ƙorafin da talakawa suka daɗe suna yi a zaure kan haraji, aikin tilas da kotunan En'e, ta hau da shi kan mumbari. Waɗanda suka fito fili, irin su Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya, sun sha ɗauri da duka, shi ya sa magoya baya da yawa suke ɓoye ra'ayinsu ga dagaci. Da jam'iyyar PRP ta ci kujerun gwamnan Kano da Kaduna a 1979, soke haraji da jangali na cikin matakan farko da Abubakar Rimi da Balarabe Musa suka ɗauka.

A Kadunan yau ma ana ganin abin. An sha hana achaba a cikin gari, masu babur suka koma lungunan Tudun Wada, Rigasa da Unguwar Mu'azu suna kauce wa manyan tituna. A kullen korona na 2020 an rufe kasuwanni, ciniki ya koma ƙofar baya da cikin unguwa. Lokacin zaɓe kuma akan ji ana cewa a karɓi kuɗinsu a zaɓi wanda ake so.

Ikon bayan fage

Ma'ana ta biyu ta shafi na sama. A Turkiyya ana maganar "gwamnati mai zurfi", wato haɗin gwiwar wasu jami'an tsaro, 'yan siyasa da gungun masu aikata manyan laifuka, maganar da ta yi ƙarfi bayan haɗarin motar Susurluk a Nuwamban 1996, inda aka tarar da babban jami'in 'yan sanda, ɗan majalisa da wani da ake nema ruwa a jallo a mota ɗaya. A Najeriya sunan da ya fi shahara a wannan babi daga Kaduna ya fito.

Kaduna ta zama hedikwatar Arewa a 1917 bayan an taso daga Zungeru, ta ci gaba da zama cibiyar gwamnatin Jihar Arewa har bayan da aka kashe Sardauna Ahmadu Bello a Janairun 1966. Ko da aka rarraba yankin zuwa jihohi a 1967, manyan ma'aikata, hafsoshin soja, 'yan kasuwa da 'yan jarida ba su bar garin ba. Wasu daga cikinsu, yawanci tsofaffin ɗaliban Barewa ko Jami'ar Ahmadu Bello, su ne 'yan jarida suka laƙaba wa suna "Kaduna Mafiya". Jaridar New Nigerian, wadda ta fara fitowa a Kaduna a 1966, ana ɗaukarta muryarsu, kuma sunayen da aka fi dangantawa da su sun haɗa da Adamu Ciroma da Mamman Daura, waɗanda dukansu sun yi editan jaridar, da Mahmud Tukur da Shehu Musa 'Yar'aduwa. Ana cewa tasirinsu ya fi bayyana a gwamnatin Murtala da Obasanjo ta 1975 zuwa 1979, da ta Buhari ta 1984 zuwa 1985. Bala Takaya da Sonni Tyoden sun shirya littafi a kan batun a 1987.

Sunan yana yaudara. Ba ƙungiyar miyagu ba ce irin ta Italiya, ba ta da rajista ko ofis ko katin zama ɗan ƙungiya. Masu suka suna ganin gungu ne da ke raba muƙamai da kwangiloli don kare muradun manyan Arewa. Masu kare su suna cewa abokai ne masu ilimi da suke tuntuɓar juna, sunan kuma 'yan adawa ne suka ƙaƙaba. Wahalar irin wannan magana ita ce ba ta da saurin tabbatuwa, ba ta da saurin ƙaryatuwa, don haka takan zama abin rataya duk wata gazawa. Tsige Balarabe Musa a Yunin 1981, alal misali, ba ya buƙatar wani hannun ɓoye kafin a fahimce shi: jam'iyyar NPN ce ke da rinjaye a majalisar jihar, ta ƙi amincewa da kwamishinoninsa, kuma a fili aka yi komai. Duk da haka zargin 'yan bayan fage bai mutu ba. A Oktoban 2016 Aisha Buhari ta shaida wa Sashen Hausa na BBC cewa wasu 'yan tsiraru ne ke juya gwamnatin mijinta.

Ma'anar falsafa

Alberto Moreiras, malami ɗan asalin Sifen da ke koyarwa a Amurka, da wasu abokan aikinsa masu nazarin Latin Amurka, sun yi amfani da kalmar a wata hanya dabam. Su a wurinsu tana nufin ɓangaren rayuwar ɗan Adam da ya riga siyasa, wanda siyasa ba za ta iya haɗiye shi duka ba. Ba batun turjiya suke yi ba, kuma wannan ma'ana ba ta yi tasiri a nazarin Afirka ba kamar ta Scott.

Muhawara

Babban abin da ake sukar Scott da mabiyansa a kai shi ne faɗaɗa ma'anar turjiya har ta rasa iyaka. Lila Abu-Lughod, wadda ta yi bincike a cikin Larabawan ƙauye na Masar, ta yi gargaɗi a 1990 kan ɗabi'ar masana ta ƙawata duk wata bijirewa. Ma'aikacin da ke jan ƙafa a ofis yana iya zama mai huce haushin albashin da aka riƙe masa, yana kuma iya zama malalaci, wanda ke cutuwa kuwa sau da yawa talaka ne ɗan'uwansa da ya zo neman fayil. Wanda ya ja wutar lantarki ta bayan mita, maƙwabcinsa mai biya ne yake ɗaukar nauyin. Asef Bayat, da ya nazarci talakawan Tehran, ya ce yawancin irin waɗannan ayyuka kutsawa ce a hankali don neman wurin zama da abin sana'a, ba wai niyyar yaƙar gwamnati ba. Wasu kuma suna ganin dabarun ɓoye suna sauƙaƙa wa mutum rayuwa ne kawai, tsarin da ke danne shi yana nan daram.

Sai matsalar hujja. Abin da aka yi don kada a gani ba ya barin takarda. Mai binciken da ya shiga Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna, ko Gidan Arewa da aka kafa a 1970 a tsohon gidan Sardauna, ba zai tarar da muryar manomin da ya ɓoye ɗansa ba. Zai tarar da rahoton Di'o yana kukan harajin gunduma ya ragu, ko ƙidayar shanu ba ta cika ba, ko leburori sun gudu. Daga irin waɗannan koke-koke, haɗe da waƙoƙin baka da hirar tsofaffi, ake gano yawan abin da ya faru da kuma inda ya faru.