Kalmomin Kwamfuta da Italiyanci: Amsa ga Masu Tafiya da Aikinsu a Jaka

Tambayoyin nan sun ishe ni, kusan kowane mai shirin zuwa Italiya da kwamfutarsa su yake maimaitawa. Ga su a wuri ɗaya, a karanta kafin a sake tambaya.

Yaya ake ce wa kwamfuta da Italiyanci?

Computer. Ta tafi-da-gidanka kuma portatile. Mouse, email, wifi da password duk haka suke faɗinsu. Kada ka ɓata daren tafiyarka wajen haddace abin da ka riga ka sani.

Cajata ta ƙi shiga soket, ta lalace ne?

Lafiyarta ƙalau, ɗan'uwa, kai ne ba ka yi shiri ba. Filogin Najeriya mai ƙafa uku masu faɗi irin na Ingila ne, soket ɗin Italiya kuwa ramuka uku ne zagayayyu a jere, wasu kuma irin na Jamus da suke kira schuko. Mutanen Nijar masu filogi siriri mai ƙafa biyu zagayayyu sun huta. Ƙarfin wutar 230 ne kamar na gida, ba abin da zai ƙone. Shiga shago ka ce adattatore. Soket presa, filogi spina, caja caricabatterie. In batir ya mutu, "la batteria è scarica". Kuma don Allah a sayi biyu, ɗaya na ɓacewa.

Mai gidan haya ya ce akwai wifi. Zai ɗauki taron bidiyo?

Wannan ce tambayar da ta cancanci zama, kuma amsarta ta danganta. "C'è il wifi" ba ta gaya maka komai sai cewa akwai na'ura a gidan. Abin tambaya shi ne "C'è la fibra?", sannan ka ƙara bincike, domin kalmar fibra a bakin mutane takan rufe abu biyu. Akwai wadda igiyar ke shiga har cikin gida, ita ce FTTH. Akwai wadda ke tsayawa a akwatin bakin titi, tsohuwar wayar tagulla ta ƙarasa, ita ce FTTC. Hukumar sadarwarsu, AGCOM, ta sa kamfanoni su bambanta su da tambari: kore mai harafin F fibra ce zalla, ruwan ɗorawa mai FR gauraye ne, ja mai R kuwa tagulla ce kaɗai, wato rame. Mai gida na iya rashin sanin wanne gare shi, ba ƙarya yake maka ba.

Saboda haka ka roƙe shi hoton gwajin sauri, suna ce masa speed test kamar kowa, ka ce a yi shi daga ɗakin da za ka zauna, ba daga gindin na'urar ba. Gidajen tsohon gari, centro storico, katangunsu na dutse ne masu kauri, sabis kan mutu tsakanin falo da ɗaki. Ka kuma duba lambar turawa, ba ta saukewa kaɗai ba, don ita ke riƙe hotonka da muryarka a taro. Saukewa scaricare, turawa caricare, harafi ɗaya ne tsakaninsu.

A Milan ko Turin yawanci za ka dace. A ƙauyen kan dutse kuwa, wani lokaci ka tarar da fibra sabuwa fil, wani lokaci ko na waya babu. Ko gaurayen ma yana iya wadatar da mutum ɗaya in akwatin titi na kusa. Ni dai shawarata, in albashinka ya rataya a kan taron nan, kada ka dogara da hanya ɗaya: riƙe layi mai data da yawa, ka gwada shi a cikin ɗakin ranar da ka sauka. In ka ji an ce "qui non prende" ko "non c'è campo", ana nufin nan babu sabis.

To layin fa?

SIM ne sunansa. Tafi da fasfo shagon TIM, Vodafone, WindTre ko Iliad. Galibi za a nemi codice fiscale, lambar haraji mai alamomi 16 da Agenzia delle Entrate ke bayarwa, baƙo ma yana samu. Data giga suke ce mata, sa kuɗi kuma ricarica, ana yi a shagon tabaccheria mai babban harafin T a ƙofa. Tun 2017 layin yana aiki a sauran ƙasashen Tarayyar Turai ba ƙarin kuɗi, sai dai datar da za ka ci a waje tana da iyaka.

Na faɗi adireshin imel ɗina, ba a gane ba.

Alamar @ sunanta chiocciola, wato katantanwa, a faɗa "kiyoccola". Ɗigo punto, ɗan layi trattino, na ƙasa trattino basso. Kwantar da hankalinka, harshenka ya fi na Baturen Ingila saurin kamawa: c kafin e ko i irin tamu ce ta "ciki", ch kuma k ce, baƙi mai ruɓi ka ja shi yadda muke yi a "sannu".

Ina zan buga takarda?

Copisteria. Kai fayil ɗin a filas, chiavetta, ka ce stampare.

Ina cikin aiki wuta ta ɗauke, a Turai!

Leƙa ka ga maƙwabta, tasu na nan. Yawancin gidaje kilowat 3 suka yi yarjejeniya a kai, in ka haɗa injin wanki da tanda da hita, mita ta yanke. Kashe ɗaya, ka rubuta wa mai gida "è saltata la corrente", ka tambaye shi "dov'è il contatore?" Mitar ce contatore, sau da yawa tana ƙasan bene ko wajen gida, don haka a nuna maka ita tun ranar karɓar makulli.

An tambaye ni ko ina yin smart working. Me ke nan?

Aiki daga nesa ke nan a bakinsu, dokarsu ta 2017 kuma lavoro agile ta kira shi. Amma amsa wa maƙwabci daban, takarda daban. Bizar yawon buɗe ido ta kwana 90 ce cikin 180, ba ta aiki ba ce. Masu aiki daga nesa suna da tasu bizar tun Afrilun 2024, a ofishin jakadancin Italiya ake nema, kafin a sayi tikiti.